Mu Uku a Benci Ɗaya

Ranar Talata, asibitin Manshiya,
layin masu hawan jini ya kai bakin ƙofa.
Na miƙa kati. Yarinyar da ke kan tebur
ta juya shi sama, ta juya shi ƙasa,
ta ce, "A-ju-ji? Suna ne ko atishawa?"
Aka yi dariya. Ni ma na yi.
Shekara sittin da ɗaya ina taya mutane dariyar sunana.

Na yanka Hauwa'u ne, amma wa ya sani?
Liman ya raɗa, iska ta kwashe.
Huɗu uwata ta kai Tafo kafin ni,
ko ɗaya bai yi haƙori ba.
Da na faɗo, ungozoma ta naɗe ni a tsumma
ta ajiye kan jujin bayan gidanmu a Aboabo,
tsakanin toka da ɓawon ayaba,
ta ɗaga murya don mutuwa ta ji:
"Babu kowa a nan, shara ce."
Kakata ta zo ta tsince ni kamar kwabo.

A makarantar allo ni ce 'yar bola.
Ranar bikina na ba maroƙi sule biyu ya ce Hauwa,
ya karɓe, ya buɗe baki, ya ce Ajuji.

Matar da ke gefena, Batoniya,
zanenta na ƙamshin kifin Kejetiya,
ta taɓa gwiwata: me yake nufi?
Na gaya mata da guntun Tonancin da nake ciniki da shi.
Ta riƙe baki.
Ta laluba jaka, ta ɗora katinta a cinyata:
Akosuwa Sumina.
"Sumina," in ji ta, "inda muke zubar da shara.
Uku suka riga ni."

Can ƙarshen benci wani tsoho,
mai gadin dare, mutumin Sabelugu,
ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.
Da numfashi ya dawo ya bugi ƙirji:
"Tampuli. Da Dagwambanci. Ku canka."
Ba mu canka ba. Mun sani.

Uwayenmu ba su taɓa haɗuwa ba.
Da sun haɗu a rijiya, sai dai nuni da hannu.
Wa ya kai musu dabarar?
Ba fatake ba, goro suke ɗauka.
Na daɗe da sanin Kofi da Ɗanjuma rana ɗaya suka raba,
Ama da Asabe kuma Asabar ta haifa,
mai wankin motar layinmu, Sawadogo,
ya ce sunansu girgije ne, shi da duk danginsa.
Waɗannan sunaye ne na ado, a rataya a wuya.
Namu ƙarya ce da uwa ta yi
tana rawar jiki, nono na zuba.

Sumina ta ce wataƙila mutuwa ba ta jin yare.
Tsoho ya ce tana ji, duka take ji,
ƙyanƙyami ne da ita kawai,
ba ta son ɓata hannu.
Muka ɓare lemo ɗaya, muka raba uku,
shara na cin lemo a gaban likita.

Aka sake kira daga ciki, an karya shi yadda aka saba.
Na miƙe. Na amsa da ƙarfi har jariri ya farka.
Jini ya hau, a rage gishiri, a dawo bayan wata.

A hanyar gida na sauka kafin tashata.
Jujin yana nan, an gina rabinsa.
Wata kabewa ta yaɗu a kai,
ba wanda ya shuka ta,
'ya'yanta biyar na ƙirga.