Mashaya

Shekara huɗu a Maskat ina bitar kalma ɗaya.
Na san wasalinta, na san jam'inta,
in an ce shari'a sai in ga zaure da benci
da alƙali yana goge tabarau.

Ran da na koma ƙauyenmu, gindin dutse, bayan Nizwa,
ban gama kwance takalmi ba
kakata Zuwaina ta miƙo tulu:
"Humaid, je shari'a ka ɗebo mana,
na randa ya kwana biyu."

Tun ina tatata nake jin sunan wurin.
Ban taɓa zaton su biyun cikinsu ɗaya ba,
ta littafi da ta bakin tsohuwa.

Na bi turba tsakanin dabinai,
duwatsun da tafin ƙafa ya siɗe
har suka yi santsi kamar sabulu.
Can ruwan ke ɓullowa daga ramin da kakanni suka haƙa,
bayan doguwar tafiya cikin duhu,
da sanyinsa, bai ga rana ba tukuna.

Tsoho Sarhan na zaune bisa katanga,
shi ke raba wa gonaki ruwa,
da inuwar sanda in rana ta fito,
da taurari in ta faɗi.
Ya ce, "Malam, ni ban yi karatu ba.
Nan dai sha ake yi.
Wanka sai ƙasa, wanki ƙasa da nan,
abin da ya saura na dabino ne.
Wanda ya tsoma sabulu a nan, ni da shi ne.
Wanda ya zo da ƙishi kuwa
ba na tambayarsa ɗan wane ne."

Na durƙusa, don ba a sha a tsaye,
bakin ruwan ya yi ƙasa.
Goshina ya kusa taɓa dutse.

Da dare na buɗe mus'hafi,
na nemi ayar da kalmar take ciki.
Ga ta nan inda na bar ta,
baƙaƙen ba su ƙaru ba,
sai dai yanzu ina jin gurgurar ruwa a ƙarƙashinsu.

Ƙamus bai yi mini ƙarya ba,
bai dai taɓa jin ƙishi ba ne.

Daga ɗaki kakata ta ɗaga murya:
"Ka rufe bakin tulun kuwa?"