Abin da Sikeli Bai Auna Ba

Yau sun ƙona ƙwaya a bayan gari,
an kira mu mu ɗauki hoto.
Baƙo mai farar riga ya karanta kilo kaza,
aka tafa, aka raba mana lemo da kuɗin mota.
Hayaƙin ya bi iska ya sauka kan Bukoki,
inda ba a gayyaci kowa ba.

Na rubuta lambar, don ita ce tuwona.
Amma a shafi na gaba akwai Nomau,
ɗan wajen Tawa, mai tura kurar ruwa,
jarka goma sha biyu, sawu tara a yini,
daga famfo har hawan Lazare.
Ƙwaya uku aka samu a naɗin hularsa.
Na tambaye shi a kaso, ta tsakanin ƙarafa: don me?
Ya ce, “Malama, baya ne.
Baya ba ya jin wa'azi.”
Wata goma sha huɗu, alƙali bai san fuskarsa ba.
Kurar na nan jingine, taya ta sace,
matarsa na sayar da jarkunan ɗaya bayan ɗaya.

Wanda ya shigo da ita kwali-kwali kuwa,
na san gidansa. Kowa ya sani.
Bene ne, da furanni a bakin ƙofa.
Mai gadi ya ce ya yi tafiya.

Sai ɗakin ƙarshe a asibiti.
Inna Tsahara, daji ya ci ƙirjinta,
tana cizon bakin zane kada jikoki su ji.
Likita ya buɗe mini kabad: wayam.
Ya ce maganin da ke kwantar da irin wannan
sai an cike takarda,
takarda ta haye teku,
can wasu su auna mana rabonmu da cokalin shayi,
wai kada mu saba.
Ran Laraba ta cika.
Ba ta saba ba.

Na kai wa Tankari labarin da la'asar.
Ya karanta a tsaye, ya cire tabarau,
ya ce, “Zalika, wa ke sayen tawadarmu?
Na'urar da kike bugawa, dubi tambarin da ke jikinta.”
Ya ja jan biro a kan bene,
ya ja a kan kabad,
ya bar mini kilo da tafi.

Da dare na tsaya a kan gada,
kogi na wucewa, bai tambayi kowa izini ba.
Su da suka yanka mana rigar nan daga nesa
ba su taɓa ganin kafaɗarmu ba,
in ta matse, sai su ce mu ne muka kumbura.

Ban yaga shafin ba.
Yana cikin jakata, tare da rasit ɗin likkafani
da sunan ƙauyen Nomau.
Gobe ranar ziyara ce.
Na sayo masa man zafi na dala arba'in,
in mai tsaron ƙofa ya yarda ba ƙwaya ba ne.