Babin da Babu a Littafin

Na aro shi a ɗakin karatu na Dundaye,
littafi mai kauri kamar bulon siminti,
na rungume shi a kan kabu-kabu har Rijiyar Ɗorowa,
rana na gasa bangonsa, ni tana gasa mini ƙeya.

Shagon Baba yana nan yadda na bar shi:
talabijin goma sha ɗaya, duk sun juya mana baya,
cikinsu a buɗe, wayoyi sun zubo kamar hanjin rago,
ga warin dalma,
ga tsagaggen madubin da yake jinginewa a gaba
don ya ga fuskar akwati, hannunsa na can cikin bayanta.

"Luba, wanga littahi mi ya ce?"

Na ce, Baba, ya kasa shirye-shirye ne
yadda ake kasa albasa a Ramin Kura:
nan labarai, nan wasan kwaikwayo mai dogon zango,
can barkwanci, can tattaunawa, can gasar kacici-kacici,
kowanne da asalinsa, da ƙa'idarsa, da irin masu kallonsa.

Ya ɗiga dalma. Hayaƙi ya miƙe siriri.
"Shekara talatin ina bayan abin ga,
iri biyu na sani:
wanda ya kawo, da wanda ya ƙiya."

Inna Yalli, da ta zo biyar sawun tata akwatin,
ta gyara lulluɓi, ta ce nata rabon ya fi:
"Akwai wanda ni ka kallo ina tsinkar zogala,
akwai wanda ka sa in aje tire.
Sauran, masu manyan riguna na,
su zamna su ce komi lahiya lau."

Da dare na kai shafi na ɗari biyu da shida.
Marubucin ya zaunar da iyali a kujera mai laushi,
ƙarfe takwas shiri ya fara,
ƙarfe tara ya ƙare, kowa ya tafi barci da ƙarshensa a hannu.
Na duba gaba, na duba baya, na bi jerin babi da yatsa.
Ashe a garinsu ba a ɗauke wuta.

Shi ya sa bai san namu ba.

Tsakar gida, tabarmi uku, yaran maƙwabta har bakin rijiya.
Mutumin cikin akwati ya ɗaga hannu zai buga ƙofa,
sai ɗif.
Duhu. Salati. Sauro ya karɓi filin.
Ba wanda ya tashi.
Inna Yalli ta rantse mai bin bashi ne a bayan ƙofar,
Baba ya ce a'a, ƙanen nan ne da ya ɓata,
ƙaramin Maccido ya yi kukan ƙyaure da bakinsa,
wata ta ari muryar matar gidan, har da shessheƙa.
Kafin mafici ya gaji a hannu
labari ɗaya ya haifi ƙarshe huɗu.
Da wuta ta dawo da asuba
fanka kaɗai muka yi wa murna.

Na rubuta wannan a aikin ƙarshen zango,
na ba shi suna, na ce shi ma iri ne.
Dakta Jabbi ya zagaye shi da jan biro:
"Ina madogararki? Wane masani ya faɗa?"

Na rubuta a ƙasa:
Modi mai gyara, shago na uku bayan mai faci.
Ba a buga ba. Babu shekara.

Ya rage mini maki biyu.
A baranda kuma ya tsayar da ni, murya ƙasa-ƙasa,
ya ce tasa akwatin ta fara yayyafi,
ko Baba na fitowa ran Asabar?

Littafin kuwa na mayar da shi a makare, na biya tara.
Wanda ya aro shi bayana,
in ya kai shafi na ɗari biyu da shida,
zai tarar da ɗan rami mai baƙin baki
daidai kan kujerar nan mai laushi.
Ɗigon dalmar Baba ne.
Ya leƙa ta nan.