Abin da Guduma Ta Kwaso a Hanya

Masta Alidu bai taɓa zama a aji ba.
A Suwame, ƙarƙashin rumfar kwano mai yoyo,
ya buge mini hannu ranar farko:
«Kar ka shaƙe guduma a wuya, Tahiru.
Kama ta a wutsiya, bar ta ta yi tafiya.
Nauyinta kaɗan ne.
Gudun da ta kwaso a hanya, shi ƙarfe ke ji.»

Noti ya ƙi, na yi gumi, na yi ashar.
Ya zura bututu a gindin sifana,
ya danna da yatsa uku. Notin ya yi ƙara, ya saki.

Na ga dutsen wasa na juyi har ya zama kamar tsaye,
tartsatsi na barinsa a miƙe, ba ya bin kewaye,
kamar yaron da ya fizge daga hannun yayarsa.
Na ga tayar tirotiro tana girgiza mota duka,
aka maƙala mata dalma, ba ta kai ɓarin goro ba,
ta nutsu.

Wata Talata aka jawo tasi daga hanyar Mampong,
gabanta ya takure kamar gwangwanin madara.
Direban, Kwaku Bonsu, na tsaye yana cin ayaba.
Masta ya shafa ƙarfen, ya ce:
«Wannan da ya lanƙwashe, shi ya sha dukan.
Da ya taurare, da ƙirjin mutum ya sha.»

Da yamma a Aboabo, Damata na gindin turmi.
Taɓarya ta tashi, hannunta ya shiga,
ya juya sakwara, ya fita,
taɓarya ta sauka inda yatsu suka bari.
Shekara goma ina kallo, ban daina riƙe numfashi ba.

A bakin kwata yara na murza katantanwa.
Tana tsaye a kan tsini ɗaya
muddin tana juyawa.

Bara ’ya’yansa suka ce Masta ya huta haka nan.
Suka saya masa kujera mai laushi da fanka.
Wata huɗu ya yi.
Na je gaishe shi, na tarar ya fara tangaɗi,
idonsa na kan fankar, leɓensa na motsi.
Na sunkuya.
«Fiffikenta ɗaya ya fi nauyi,» in ji shi.
«Gobe ka zo da filaya.»