Ashana Uku

Daren Juma'a a Duluth.
Dusar ƙanƙara ta toshe ƙofa har gwiwa,
tafkin nan da ba a hango gaɓarsa ya yi tsit kamar mai fushi.
Siyama ta ja bargo, ta kunna fim ɗinta.
Karo na huɗu ke nan, ina ƙirgawa.

Jirgi ya faɗi. Manya duk sun mutu.
Kullum manya ke fara mutuwa
don a bar yara da dutse da dare.
Su shida, gwangwanin kifi ɗaya, ashana uku.
Wata mai jar riga na ɗaure karayar wani da igiyar takalmi,
wani na ɓoye biskit a cikin safa,
kyarkeci na kewaye su, kiɗa na tashi sannu sannu.

Na ce, "Kwana arba'in a jeji, dubi haƙoransu,
fari fat kamar an jera shinkafa.
Yunwa ba ta barin mutum da kyan gani haka."
Ta ce, "Baba, don Allah."
Na kama bakina.

Ban taɓa gaya mata ba.
Ina ɗan sha biyar kogin Haɗeja ya ɓalle cikin dare,
ya iske mu a bukkar gona, ni da Lawwali ɗan kawuna.
Kwana biyu muna kan kanya.
Babu kiɗa. Sai sauro,
sai kukan wata akuya da ruwa ya wuce da ita,
sai maciji a reshen sama,
shi ma gudun hijira ya yo, bai taɓa mu ba, ba mu taɓa shi ba.
Lawwali ya zare tazugen wandonsa ya haɗa ƙugunmu da reshe
don kada barci ya yar da ɗayanmu.
Da masunta suka iso da kwalekwale
ba wanda ya rungumi wani.
An miƙo mana kunu, an tambaye mu ina fartanya.

To me yaran nan za su koya mini?

Sai na bar kallon akwatin, na kalli 'yata.
Leɓenta na motsi, ta haddace maganarsu kaf.
Da mai jar riga ta ƙyasta ashanar farko
ta riƙe numfashi,
ta dunƙule hannu a ƙarƙashin bargo.

Makon jiya malamarsu ta kira ni ina kan tuƙi.
Ta ce yarinyar akwai ƙoƙari, ba ta da fitina,
sai dai abincin rana a matakala take ci,
can bayan ɗakin karatu, ita kaɗai,
tun watan Satumba.
Makaranta mai ɗalibai fiye da dubu.
Na ce na gode, na ɗauki fasinja na gaba.
A tunanina inda babu ambaliya babu maciji
ba mai jiran kwalekwale.

Ni na sayi tikitin jirgin da ya kawo ta nan.
Kuma ban mutu ba.
Ga ni zaune, taku ɗaya tsakaninmu
da kwanon gugguru da ya huce.

Ashana ta biyu, iska ta hure.
Ban san sanda bakina ya kuɓuce ba:
"Ai ba haka ake yi ba.
Ta ba iska baya, ta durƙusa,
ta yagi auduga daga cikin rigar, nan ne bai jiƙe ba."

Siyama ta tsayar da fim.
Ta daɗe tana dubana.
"Ya aka yi ka sani?"

A waje motar kwashe ƙanƙara ta wuce tana gurnani,
fitilarta ta lashi labule ta tafi.
A cikin akwatin mai jar riga ta daskare,
ashana ta uku tsakanin yatsunta, ba ta ƙyasta ba.

Na gyara zama, na ja gefen bargon.
Na ce, "Matso.
Akwai wata kanya."