Mai Zama a Baya

Ni na yi dakon gangunan Clive Ackroyd shekara ashirin da shida,
in za a ba da labarinsa, a bar ni in faɗa.

A Sheffield aka haife shi, bayan masana'antar ƙarfe,
inda babbar guduma ke faɗuwa tun gari bai waye ba.
Ubansa maƙeri ne a can, ya kurmance yana ɗan arba'in.
Yaron yana kwance yana ƙirga saranta,
ɗaya, biyu, uku, huɗu,
har ta shige masa ƙashi ta zauna.
Tukwanen uwarsa suka fara ji a jikinsu.
Maƙwabciya na dukan bango da sandar tsintsiya,
shi a zatonsa amshi take yi masa.

Yana sha tara aka rufe masana'anta.
Da kuɗin sallamar tsoho aka sayo jajayen ganguna na hannu.
Tsoho ya dafa fatar babbar da tafinsa,
ya ce, buga.
Ya ji ta har gwiwar hannu. Ya gyaɗa kai, ya fita.

Su huɗu ne, suka raɗa wa kansu suna Tsatsa.
Kiɗan rok, irin mai girgiza haƙora.
Desmond a gaba da jita da gashi har kafaɗa,
ana tsalle don a taɓa takalminsa.
Clive can baya hayaƙi ya lulluɓe shi,
sai walƙiyar farantin tagulla in ya kai masa sara.
Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.
A hoton faifansu na farko kafaɗarsa kaɗai ta fito,
ya sayi biyar ya kai wa uwarsa.

Hamburg, Rotterdam, wani gari a Norway da sunansa ya ɓace min,
inda bas ɗinmu ta mutu cikin ƙanƙara
muka kwana jingine da lasifika.
Na ga ya karya sanda bakwai a dare ɗaya.
Na ga jini a fatar ƙaramar ganga,
ya ɗaure yatsun da tsumma ya koma.
In jita ta ɓace hanya, shi ke koro ta gida.
In Desmond ya bugu ya manta baiti,
ƙafar daman Clive ke riƙe da mutum dubu uku
kada rawa ta zube musu.

Sai kamfani ya kawo wata 'yar na'ura,
ba ta gumi, ba ta tambayar kasonta.
A waya suka gaya masa. Minti biyu.
Ya ajiye, ya ƙarasa shayinsa,
ya ce min, Trevor, sukarin nan ya yi yawa.

Daga nan sai bikin aure, sai mashaya daren Juma'a,
fam talatin da farantin dankali.
Kwalba ta riƙe shi shekara shida.
Noreen ta tafi da yaran. Ta dawo. Ban tambaya ba.
Wani kuka ya tare a kunnensa,
kamar butar shayi da aka manta a kan wuta,
likita ya ce babu mai sauke ta.

Yanzu duk Asabar yana koyarwa a ƙasan wani coci,
ni ke sauko da gangunan, gwiwata na zagina a kan matakala.
Jan fentin ya koɗe.
Akwai wata yarinya, Imelda, shekararta tara,
tana gaggawa kamar mai bin bas.
Ba ya jin ta sosai.
Jiya na ga ya durƙusa da ƙyar,
ya ɗora tafinsa a fatar babbar ganga,
ya rufe ido.
Ya ce, a hankali, 'yata, ba wanda ya biyo ki.
Sake daga ɗaya.