Awon Mutumin Cikin Waya

Shekara talatin da ɗaya ina taka keke a Fagge,
ban taɓa yi wa marar wuya ɗinki ba
sai daren Talatar nan,
da Zinatu ta ajiye mini waya a kan teburin yanka,
tsakanin alli da almakashi,
ta ce, "Baba, ga kwastoma."

Na gyara tabarau. Wani ɗan taliki ne,
kai kamar bulo,
hannuwa kamar sandar sabulu,
tsaye a wata ƙasa da ba ta da mai unguwa,
inda yaro kan haƙe dutse da ɗan yatsa
ya tada bene kafin a kira Isha'i.
Rigarsa shuɗiya, irin ta rabo,
wadda ake miƙa wa duk wanda ya shigo.

Na ce, ina zan ɗora tef?
Ba kafaɗa, ba ƙugu.
Ta ce a nan ba a awo, gidaje ake ƙirgawa,
takwas a tsaye, takwas a kwance, fuska ke nan.
Ka taɓa gida, ka zuba masa launi.

To.
Muka fara da fata.
Ta wuce fari, ta wuce wankan tarwaɗa,
ta yi ta gangarawa cikin launukan ƙasa
tana satar kallon bayan hannuna,
har ta tsaya.
Ban ce komai ba.

Na so in yi masa aska takwas,
ƙirjin ya ƙi ba ni fili.
Aska ɗaya da rabi na samu, ita ma a karkace,
aikin da in yaron shagona Rufa'i ne ya yi
sai ya farke shi a gabana.
Zinatu ta yi dariya har ta ture kwalbar man keke.

Aka ɗauke wuta.
Janareton Sagir mai aski ya tashi da tari,
waya ta ce saura tara cikin ɗari.
Ta karɓe abarta, ta juya mini baya,
yatsunta na tafiya kamar allura a kan shadda.
Ni kuwa na lalubi tsumma ina goge mai,
ina jin adaidaita sahu na wucewa Bata, ɗai-ɗai.

Da ta juyo:
hula ta ɗan zame hagu,
furfura gida uku a haɓa,
wushirya, baƙin gida ɗaya tsakanin farare,
sai wani rawayan zare da ya sauko ta gefe biyu.
Na ce, wannan fa, maciji ne?
Ta ce, "Tef ɗinka ne."

Tumbin kaɗai ta rasa inda za ta sa.
Wai wasan bai yarda ba.
Allah ya saka wa wasan da alheri.

Sai ta sake ni cikin ƙasar.
Ga ni ina gudu,
ni da nake dafa gwiwa a matakalar masallaci.
Na tsallake rami, na faɗa kogi na fito a bushe,
na hau tsauni ban nemi ruwan sha ba,
babu mai bina da cigiyar kayan biki,
babu mai cewa Malam Tanimu, yau ma gobe?

Wata ƙawarta daga Gwammaja ta rubuto:
wane ne wannan tsohon?
Zinatu ta fara amsa,
gilashin ya mutu.
Sai fuskokinmu biyu a cikinsa, cikin hasken shagon Sagir,
tata da tawa, launi ɗaya.
Har yau ban tambaye ta abin da ta so rubutawa ba.

Da safe ta tafi makaranta.
Shi yana can bisa tsaunin inda muka bar shi,
tef a wuya, bayansa ba ya ciwo.
Ni ina nan. Na ɗora ƙafa a kan keke.

Wajen hantsi Rufa'i ya kawo wuyan wata riga,
yana sunkuyar da kai,
askar ta karkace kaɗan.
Na ɗaga ta a hasken ƙofa, na daɗe.
Ya riga ya ɗauko reza.

Na ce, bar ta.